Shaidar da Na Bayar kan Littattafan Kofur

Edita, bayan gaisuwa, ina roƙon fili in faɗi wani abu da na aikata, wanda ko iyalina ban taɓa gaya wa ba.

A shekarun da kuɗin mai suka shigo ƙasa, sojoji na mulki, ni ne malamin yaƙi da jahilci a wani ƙauye na ƙasar Faskari. Karatuna bai wuce firamare da wani ɗan kwas ba, amma a garin ni ake kawo wa wasiƙa in karanta, ni kuma ke rubuta amsa. Ni mutum ne mai son tsari. A wurina kowace magana da hanyarta. Mai kuka ya je wa mai unguwa, mai unguwa ya kai wa dagaci, dagaci ya kai wa hakimi. Wanda ya tsallake mataki ɗaya, marar tarbiyya nake ɗaukarsa.

Ana nan sai wani ɗan garinmu ya dawo daga aikin soja, yana ɗingishi saboda raunin da ya samu a yaƙin basasa. Kowa Kofur yake ce masa. Ya zo da akwatin ƙarfe cike da littattafan Turanci, ya ce wani hafsansa ne ya bar masa. Ran Juma'a in an sauko daga masallaci yakan zauna a inuwa ya buɗe ɗaya, yana fassara wa manoma. Yakan ce littafin ya nuna soja ɗan aiken talaka ne, da harajin talaka aka sayi bindigarsa, ba shi da ikon taɓa ko akuyar wani. Tsofaffi su yi dariya, su ce to ya je ya gaya wa mai bindigar, su kam ba da su ba. Sau biyu yana cewa in ɗauki ɗaya in duba, ina cewa ba ni da lokaci. Gaskiyar ita ce Turancin ya fi ƙarfina, kuma ba na so a gane.

Da bazara wata motar sojoji ta tsaya a kasuwarmu, suka ɗauke wa wani dattijo raguna biyu. Da ya yi magana suka sa shi tsallen kwaɗo a gaban surukansa. Dattijon bai zo wurina ba, wurin Kofur ya tafi. Kofur ya rubuta takardar koke ya aika bariki kai tsaye, bai bi ta kan mai unguwa ba balle dagaci. Bayan 'yan kwanaki aka aiko wa dagaci tambaya daga sama, wai wa ke zuga talakawa a ƙasarsa. Hankalinsa ya tashi, don lokacin a rediyo mutum kan ji an sallame shi daga aiki. Ya kira ni zaure, ya ce ni da na yi boko in gaya masa littattafan nan na Kofur na mene ne.

Da na ce ban sani ba, da shi ke nan. Amma mutane na zaune sun zuba mini ido, ga kuma haushin an wuce ni an kai wa wani rubutu. Iyakar abin da na sani bangon littafi ɗaya ne, mai hoton soja tsaye gaban wani babban gini. Na ce, "Ranka ya daɗe, littattafan koyon juyin mulki ne. Na duba su." Ya ce in rubuta haka. Na rubuta, na jera laifuffukan ɗaya bayan ɗaya da lamba, na sa hannu. Har daɗi na ji yadda takardar ta yi tsaf.

Washegarin ruwan shuka aka zo aka tafi da Kofur da akwatin, daga gona aka ɗauke shi da sungumi a hannu. Damina guda ya yi a tsare, daga wannan ofis zuwa wancan, kafin wani mai karatu ya duba littattafan ya ce irin waɗanda ake koyar da hafsoshi ne, a sake shi. Kafin nan ciyawa ta cinye gonarsa. Mahaifiyarsa, wadda shi kaɗai gare ta, ta kwanta tun makon da aka kama shi, ta rasu ana yankan gero. A sahun gaba na tsaya wajen sallar gawarta. Da ya dawo bai yi wa kowa faɗa ba. Ya ziyarci kabarinta, ya kwashi iyalinsa ya koma wajen garin Sabuwa.

Shekara da shekaru ina gaya wa kaina ai tsari na kare. Sai da girma ya kama ni na yi ta maza na je na sami Kofur a kasuwar Sabuwa, yana tufkar igiya. Muka gaisa, na fara bayani daki-daki yadda na saba. Ya tsayar da ni, ya ce tun yana tsare aka nuna masa takardar, kuma ya gane hannuna. Sannan ya ce, "Malam, tambaya ɗaya. A cikinsu wanne ka karanta?" Na ce ko ɗaya. Ya ci gaba da murza igiyarsa. Daga baya ya ce haƙƙinsa ya yafe mini duniya da lahira. Amma an gaya masa tsohuwa ta cika tana kiran sunansa, wannan kuwa ba nasa ba ne balle ya yafe, sai na je can na same ta.

Abin da na koya shi ne, hukuma ba ta da ido a ƙauye sai idon irinmu, abin da muka rubuta shi take gani. Waɗanda suka kama shi ba su san shi ba. Ni na san shi, na san uwarsa. Don haka ina kira ga malamai da magatakarda da duk wanda ake tambaya don ana ganin ya yi karatu, in ba ka sani ba ka ce ba ka sani ba. Kunyar ta wuni ɗaya ce. Ni na guje mata, ga shi furfura ta gama mini kai ina yi wa tsohuwar nan addu'a bayan kowace salla, ban kuma san abin da za ta ce ba ranar da muka haɗu.