Kashin Kaji a Gindin Buluberi

Duk wanda ya san Sabas Pakias a garin Atok ya san shi da warin kashin kaji. Ba zagi ba ne, shi kansa alfahari yake da abin. Tun yana saurayi yake noman kabeji da dankalin turawa a gonakin da aka yanka hawa-hawa a jikin dutse, kuma ƙa'idarsa ba ta canzawa: kafin shuka a barbaɗa farar ƙasa don a kashe tsamin gona, bayan shuka a zuba kashin kaji babu ƙwauro. Kan kabejinsa sai an rungume shi da hannu biyu. Shi ya sa ya yi imani cewa duk abin da kake ƙauna ɗura masa ake yi, kuma ba a haifi wanda zai gaya masa akasin haka ba.

Haka ya riƙi 'yarsa tilo, Jovelyn, bayan rasuwar uwarta. Shi ke zaɓa mata takalmi, shi ke zaɓa mata ƙawaye, in ta ce ta ƙoshi ya ƙara mata shinkafa. Yarinya ta daure har ta gama karatun jinya, ta samu aikin kula da tsofaffi a Kanada, ta tattara ta tafi. Can ma bai ƙyale ta ba. Kullum sai ya kira: kin ci abinci, kin sa rigar sanyi, da wa kike yawo. Wani lokaci ta ɗauka, wani lokaci wayar ta yi ta ƙara har ta gaji ta tsinke.

Da ta zo hutu bara, ta sayo dashen buluberi uku a kasuwar La Trinidad, ɗan itacen nan mai ƙananan 'ya'ya shuɗaye da ta saba ci a can. Da hannunta ta dasa su a bayan madafa. Ranar da za ta koma ta ce, "Baba, in suka yi 'ya'ya zan dawo gida in ci. Amma don Allah kada ka dame su."

Da dariya ta faɗa. Sabas ya riƙe rabin farko na maganar kamar rantsuwa, rabin ƙarshe kuwa ya bi ta bayan kunnensa.

Ya tafi shagon kayan gona a Sayangan ya ce a ba shi taki mafi ƙarfi don dashen buluberi. Mai shagon ta miƙo masa wata 'yar leda, tana kiransa Manong, wato yaya. "Manong, ga nasu. Cokali ɗaya ya isa. Su ƙasa mai tsami suke so, kada farar ƙasa ta kusance su."

"Cokali? Shayi zan haɗa musu?" in ji Sabas. Ya ajiye mata ledarta, ya tsallaka titi wurin motar masu kashin kaji ya saɓo buhu. Ya yi wa dashen yadda yake yi wa kabeji, har da ƙari, tunda waɗannan na Jovelyn ne.

Ba a jima ba ganyen ya soma ɗashewa, ya koma ruwan ɗorawa, jijiyoyinsa kaɗai suka rage kore. Hankalin Sabas ya tashi. Ya ce yunwa ce, ya ƙara taki, ya kwaso tokar murhu ya zuba a kai. Bakin ganyen ya ƙone. Na farko ya bushe, na biyu ya bi shi. Mutumin da bai taɓa asarar gona ba ya koma zaman tsugune a bayan madafa yana kallon ƙirare. Abinci ya daina shigarsa. Tsoro yake ji, tsoro na gaske, domin ya riga ya sa a ransa cewa in na ukun ya tafi, yarinyar ba za ta dawo ba.

A haka Manang Tasing, yayar marigayiya matarsa, ta same shi. Ta kawo masa dafaffen dankali, ta ajiye kwanon ta toshe hanci.

"Sabas, wannan lambu ne ko akurkin kaji?"

"Manang, ba na son wasa. Na ba su komai, sun ƙi."

Ta sunkuya ta tsinki ganye ta juya shi. "Komai ɗin ne ya kashe su, sarkin taurin kai. Ba ka ga kamarsa da ayusip ba? Wanda muke tsinka a dawa muna yara, bakinmu ya yi shuɗi? Wa ya taɓa kai masa taki? A gindin itatuwan saleng yake fitowa, cikin ruɓaɓɓen ganyensu mai kamar allura."

"To in zuba ido ya mutu da yunwa?"

"Kai dai ba ka iya barin abu ya sha iska ba. Haka ka yi wa yarinyar nan har ta tsallaka teku."

Ran Sabas ya ɓaci. Manang Tasing ta juye masa dankalin a faranti, ta ɗauki kwanonta ta yi gaba, ba ta ko waiwaya ba.

Washegari ya hau dutse da buhu, ya ɗebo baƙar ƙasar gindin saleng da ganyenta. Ya tone dashen da ya rage, ya ga saiwarsa siriri kamar gashi, rabi ta ƙone. Ya wanke ta da ruwan sama, ya dasa a sabuwar ƙasa nesa da inda ya ɓata. Ya koma Sayangan ya sayi 'yar ledar nan, mai shagon ta yi masa kara ba ta tuna masa maganar shayi ba, sai dai ta gargaɗe shi ya jira sabon toho kafin ya buɗe ta.

Jiran nan ya fi masa noman dutse wuya. Hannunsa ƙaiƙayi yake. Sai ya je ya tsaya a kan dashen, ya goya hannayensa a baya don kada su yi ɓarna. Wayar ma ya ajiye ta. Yakan ɗauka ya nemo sunan Jovelyn, maganar Manang Tasing ta faɗo masa, ya mayar aljihu. Dashen bai mutu ba, bai kuma yi toho ba.

Ran nan da hantsi wayar ta yi ƙara da kanta.

"Baba, lafiya? Kwana biyu shiru, har na tsorata."

"Lafiya lau." Ya dubi dashen. "Jovelyn, biyu sun mutu. Ni na kashe su da taki."

Sai ta tambaye shi:

"Na ukun fa?"

"Yana nan. Ban sani ba ko zai yi."

"Me kake ba shi yanzu?"

"Ba komai. Kallonsa kawai nake."

Ya ji ta ja numfashi. Tambayoyinsa na kullum suka taru a bakinsa, abinci da rigar sanyi da sauransu, ya danne su.

"To," in ji ta a hankali. "Kada ka kashe wayar tukuna, Baba. Ina da labari."

Sabas ya zauna a ƙasa kusa da dashen, ya kama bakinsa ya saurara.