Sharar da Yaya Ya Yi wa Kunnuwa

Kunnuwa ake ce masa a layinmu, kuma masha Allah an ba shi su ba rowa. Tun yana yaro, in rediyo na magana sai ya ce akwai wani zuuu a bayan muryar, a dungure masa kai a ce ya rufa wa mutane baki. Da ya girma sai zuuu ɗin ya zama sana'a. Ya manne bangon ɗakinsa da soso, ya kafa kwamfuta da lasifika biyu, yana gyara wa mawaƙa murya. Baiti ɗaya sai ya yini yana maimaitawa, har kajin maƙwabta sun haddace.

Aikin da ya fi ji da shi na Gwaggo ne, wata tsohuwar mawaƙiya da ta rera masa waƙarta ta ƙarshe kafin ciwon maƙogwaro ya ƙwace muryar. An ɗauka a gurguje, janareta na ruri, ga tari, ga murya na rawa. Ta sa shi ya yi alkawari jikokinta ba za su ji ta a haka ba. Wata da watanni yana bi gaɓa-gaɓa, yana cire ƙara, yana tallafar muryar, har ta fito tas.

To, kayan gyaran nan na cikin kwamfuta ba a warwatse suke ba. Akwai wani ɗan fayil da suke kira kwanso, ba shi da wani nauyi, amma ta cikinsa manhajar kiɗa take ganin su duka, kamar gida mai ɗakuna da yawa da ƙofa ɗaya. Kunnuwa na da biyu, tsoho da sabo, don aikin Gwaggo tsohon kawai ya sani.

Ranar da Gwaggo za ta zo da jikokinta su ji, ya fita aski. Sai ga Yayansa, mai gyaran waya, wanda ko agogon mutum ya gani lafiya lau sai ya buɗe bayansa. Ya zauna, ya ga kwanso biyu masu suna ɗaya, ya goge tsohon. Ya buɗe waƙar don ya gwada, kwamfuta ta yi ta kukan ba ta ga kayanta ba, shi kuwa ya yi ta danna “cire” yana fitar da su daga waƙar, sannan ya adana a kan na da. Kwanso dai ana iya mayar da shi. Saitin watanni kuwa ya tafi.

Kunnuwa ya dawo ya kunna, janareta ya gaishe shi daga cikin waƙar.

“Yaya, ka taɓa wani abu?”

“Shara na yi maka, ƙazami. Abu biyu iri ɗaya, kiwonsu kake?”

“Ba iri ɗaya ba ne, Yaya! Wa ya aike ka?”

Mahaifiyarsu ta leƙo da ludayi a hannu. “Kai! Yayan naka kake ɗaga wa murya? Mutum ya bar shagonsa ya zo taimakonka? Ce masa ka gode.”

Jama'a, ku ji fa! An rushe wa mutum gini, kuma shi zai yi godiya. Kunnuwan nan suka yi ja, amma ya ce ya gode, kamar mai haɗiye tsakuwa.

Ana cikin haka Gwaggo ta yi sallama, jikoki reras a bayanta, kowa ya ci ado.

“Ɗana, kunna musu,” ta ce da 'yar muryar da ta rage mata.

Yaya har ya miƙa hannu. “Kawo in kunna, yanzu ma ta fi sauri.”

Kunnuwa ya riga shi, ya fizge wayar lasifikar daga bango. Ya durƙusa gaban tsohuwar ya ce aikin bai nuna ba, ta ƙara masa lokaci. Bai ambaci kowa ba.

Ta dube shi. “Lokaci kake roƙo a wurina? Ni?” Ta juya ga yaran. “Ku tashi mu tafi.”

Yaya ya bi su da kallo, ya girgiza kai. “Ka gani? Matsalarka ke nan, ba ka cika alkawari.”

 Kunnuwa ya jawo kujera, ya mayar da waƙar baya, zuwa wurin tarin farko.