Asabe da Shamuwar Gyaɗi-Gyaɗi

Duk Unguwar Gano "Mai fim ɗin tsuntsaye" ake kiran Asabe, kuma ba da yabo ake faɗa ba. 'Yar malamin makaranta ce, mutumin Kagoro, amma a Tarauni aka yanke mata cibi. Tun tana firamare ta cika bangon ɗakinsu da zanen belbela da gawayi, ta sha duka, ba ta daina ba. Da ta girma ta sayi kyamara aka ce to, za ta shiga ɗaukar biki. Ina! Amarya na fitowa, ita tana can tana bin kurciya a kan katanga.

Aikin da ta zuba wa rai shi ne shamuwa. A gidan Hajiya Indo, wata dattijuwa a Gyaɗi-Gyaɗi, akwai tsamiyar da shamuwa ke yin sheƙa a kai duk gabanin damina. Shekara da shekaru Asabe na zuwa ta kafa kyamara, Hajiya ta shimfiɗa mata tabarma tana tsokanarta: "Ke 'yar nan, mijin naki a kan bishiya yake ne?"

Sai Haruna, babban ɗan Hajiya da ke zaune a Abuja, ya so a sare tsamiyar a yi shaguna. Hajiya ta ce ba a sare bishiyar da shamuwa ke kai, haka ta taso ta tarar. Ya ce ya ji, amma in bana ba ta zo ba, magana ta ƙare.

Aka yi ruwan fari, aka yi na biyu, shamuwa shiru. Haruna ya kira Asabe a waya: "Malama, turo mini bidiyo in gani da idona."

Ga bidiyon bara nan a kwamfutarta, da shamuwa a kan sheƙa. Tsamiyar ce dai, wa zai gane? Hajiya ba ta roƙe ta ba, kallonta kawai ta yi, kuma wallahi kallon ya fi roƙo ciwo. Asabe na son tsamiyar nan kamar ranta. Sai dai tunda ta riƙe kyamara ba ta taɓa cewa tsuntsu ya zo alhali bai zo ba, ta ga in ta fara yau, duk abin da ta ɗauka a baya ya zama tatsuniya. Ta ɗauki rassan yadda suke, wayam, ta tura.

Masu injin sare bishiya suka zo. Ta tsaya ta ɗauki saran har ƙarshe, tana kuka ba ta ɓoye ba.

Ba a rufa sati ba, da hantsi, sai ga shamuwa biyu. Suka yi ta kewaya inda tsamiyar take a da, can suka sauka a kan tulin bulon ginin shaguna, ɗaya da kara a baki.

Hajiya ta fito ta dafa ƙyaure. "Asabe, kin ɗauka?"

"Na ɗauka, Inna."

"To ki tura wa Haruna. Ni kada ki nuna mini."