Jimrau Mai Gadin Barcin Gaiwa

Idan bazara ta kama, tabkin Gandun Mainassara ya janye ya bar laka, da sassafe za ka hangi wani tsoho a tsakiyarsa yana tafe a duƙe, kai ka ce allurarsa ce ta faɗi. Jimrau ke nan, baran gandun. Ƴan ramukan da gaiwa ke shaƙar iska yake nema, don kifin nan ba ya mutuwa in ruwa ya ƙafe, nutsewa yake cikin laka ya naɗe, ya yi ta barci har damina. Inda ramukan suka fi yawa sai Jimrau ya kewaye da ƙaya. Sauran wuri kowa ya haƙa ya ci, amma nan makwanta ce, ba a taɓawa.

Shi da maigidansa Mainassara suka baro Gobir tare lokacin da yaƙi ya hana noma, suka yi ta arewa har wajen Korahane. Saniyarsu ce ta ɓace, suka bi sawu, suka iske ta tsaye cikin ruwa har ƙirji, furen bado fari fat ya kewaye ta. Nan Mainassara ya sari daji. Yau ga gero har gindin tudu, ga gawo jere a bakin ruwa, inuwarsu na lilo a ciki. Da la'asar tsuntsayen kirinjijiya su sauko, raƙuman Buzaye su duƙa ta gabas, wurin ya yi shiru har mutum ya manta abin da ya kawo shi. Kowa ya sha sai ya yi wa marigayi Mainassara addu'a. Jimrau kuwa, ko sannu, kuma abin nan yana ci mini rai.

Shekarar da fara ta cinye gero, an haƙe tabkin kaf, saura makwanta. Abarci ɗan Mainassara, wanda ya gaji gandun, ya zo da mutane da fartanyu. Suka iske Jimrau kwance rigingine a cikin ƙayar.

Abarci ya ce, "Baba Jimrau, tashi. Ɗiyanka ma ba su ci komi ba."

Jimrau ya ce, "Na sani, Maigida. Amma in munka cinye masu kwana, wa za shi tashi in ruwa ya zo? Ku fara haƙa ta kaina."

Abarci ya ce a aje fartanyu. Daga baya ya juya ya sa aka yanka nasa takarkarin aka raba wa mutane. An zagi Jimrau ƙwarai, matarsa Hawwa'u ma ta daina kula shi. Da ruwan farko ya sauka, waɗanda suka gani sun ce laka ta yi ta motsi kamar mai juyi a shimfiɗa, gaiwa na fitowa a hankali. Tabkunan maƙwabta da aka haƙe ƙarƙaf har yau ba kifi.

Kai ne, Jimrau na Hawwa'u, mai gadin masu barci. Kai ka ji kukan ƴaƴanka, ba ka tashi ba. Mun ci, mun ƙoshi, ba mu tambayi hannun wa ba ne. Mun gode, Baba. Allah ya saka maka da alheri, ya ba mu irin zuciyarka.

Yanzu idonsa ya dushe. Jiya na same shi da rarrafe, yana shafa laka da tafin hannu. Ya ji motsina ya ce, "Malam, duba mini, ƙayar ta kewaye su duka?"

Na duba. Rabin ramukan a waje suke, na kasa faɗa masa. Gobe da safe ni dai zan ɗauki ƙaya. Duk wanda ya taɓa cin gaiwar tabkin nan, ya same ni can.