Garin da Faruk Ya Gina

Ummulkhairi 'yar Gaffati ce. Can aka haife ta a gidan manoman gero da gyaɗa, can ta koyi matse mai da suyar ƙuli-ƙuli a hannun kakarta. Ba ta yi nisa a lakwal, makarantar boko, ba aka cire ta, don gida na bukatar hannu. Aure ne ya kawo ta Damagaram, unguwar Zango, gidan Malam Sulaiman, wani siririn mutum mai sanyin magana da ba ya iya ganin na'ura bai kwance ta ya leƙa cikinta ba. Lokacin da odinata, wato kwamfuta, ta fara shigowa gari, ya gyara shagon ƙofar gidansa ya jera tsofaffin da ya saya wurin wani ɗan kasuwar Kano. 'Yan lakwal da ma'aikata na zuwa buga takardu da aika saƙo. Ita kuwa tana cikin gida da turminta da kaskonta, ba ruwanta da abin da ake yi a shago.

Sun haifi biyu, Lubna da ƙanenta Faruk. Tun Faruk na goye Ummulkhairi ta ga ba kamar sauran yara yake ba. Ba ya kallon idon mutum. In ɗan kabu-kabu ya wuce da ƙarar babur, sai ya toshe kunnuwa ya durƙushe. Sa'o'insa suna surutu, shi sai ya wuni yana jera 'yan duwatsu a tsakar gida, kuma duk wanda ya taɓa ɗaya, ranar gidan ba zaman lafiya, don da bango zai yi ta gwara kansa. An sha rubutu, an yi hayaƙi, an je likita. A ƙarshe aka ce musu ba ciwo ba ne da ake sha wa magani, halittarsa ce haka, sai haƙuri da lallashi.

Ana nan sai ga wani wasan odinata a faifan sede da Malam Sulaiman ya tsinta cikin kwalin tsofaffin kaya. A ciki ana ba mutum fili fetal, shi zai shata hanyoyi, ya gina gidaje, ya haƙa rijiyoyi, ya kafa kasuwa, sai 'yan ƙananan mutane su zo su tare, suna kai da kawowa a gilashin na'urar kamar tururuwa. Wata rana da hantsi Faruk ya shigo shago ya tsaya bayan ubansa yana kallo. Can sai ya ɗora yatsa a wata kusurwar gilashin ya ce, "Baba, nan ba ruwa."

Malam Sulaiman ya ruga cikin gida ko takalmi babu. "Ummu, ya yi magana! Magana cikakkiya!" Ta bar mai a kan wuta ta fito. Ranar ƙuli-ƙulin ya ƙone, ba wanda ya damu.

Daga nan uba da ɗa suka kama ginin gari guda. Wayar salula ta zo ta kashe kasuwar shagon, Malam Sulaiman ya sayar da na'urorin ɗaya bayan ɗaya, amma ya bar wadda wasan ke ciki, ya mayar da ita ɗakin Faruk. Shekara da shekaru garin yana girma. Faruk ya yi gemu, ya fi ubansa tsawo, kuma ya san kowace hanya da kowane gida a ciki. Gwara kai da bango ya zama sai jefi-jefi. Lubna ta yi aure ta tafi Maraɗi. Sannan wata bazara hawan jini ya kayar da Malam Sulaiman a hanyar masallaci, bai ƙara tashi ba. Faruk bai yi kuka ba. Ana zaman makoki yana ɗaki gaban gilashi, sai dai bai sake taɓa unguwar gabas ta garin ba, inda ubansa ya fara wata hanya bai ƙarasa ba. Yakan kai kallo can kowace safiya, ya daɗe, sannan ya koma aikinsa.

Bayan rasuwar da 'yan watanni abin ya fara. Kuran, wato lantarki, ya ɗauke da rana tsaka Faruk na cikin wasa. Da ya dawo aka kunna, komai ya tashi daidai, amma da ya kai kallo unguwar gabas sai hoton ya ƙame. 'Yan mutanen suka tsaya cak da ƙafa a sama, sautin ya maƙale yana maimaita kansa, ɓeran da ake turawa da hannu ya ƙi motsi. Ummulkhairi tana tsakar gida ta ji ƙarar da ta daɗe ba ta ji ba, ƙarar goshi a jikin bango.

Ta shiga ta riƙe shi, amma yanzu ƙato ne, ba ta iya masa. Ba ta taɓa taɓa na'urar ba a rayuwarta. Ta tuna ta sha ganin Malam yana danne maɓallin gaba har fitilar ta mutu, sai ta yi haka, ta sake kunnawa. Garin ya dawo. Faruk ya zauna, jini na bin girarsa. Washegari ya sake kai kallo gabas, hoton ya sake ƙamewa.

Ta naɗe akwatin odinatar da tsohon zane, ta ɗora a cinya bisa kabu-kabu, ta kai wa Habu, mai gyara a bakin kasuwa, wanda a shagon Malam ya koyi aiki. Habu ya buɗe murfin ya girgiza kai.

"Inna, zafi ne. Dubi fankar nan, ko juyawa ba ta yi sosai. Bari in hure ta in sa wata."

Ya hure, ya sa sabuwar fanka, ya shafa wani farin mai a kan ƙwaƙwalwar na'urar. Ta koma gida da murna. Kafin la'asar wasan ya ƙame.

Haka suka yi ta yi. Habu ya zare 'yan sandunan da ke cikin na'urar, waɗanda ya kira barat, ya goge su ya mayar, daga baya ya sauya su ɗungurungum. Ya rage kyan hoto har gidajen suka koma kamar zanen yara, Faruk ya yi ta gurnani sai da aka mayar yadda yake. Ya kashe sauti ya gwada. Ya ce a sake ɗora wasan daga faifai, ta birkice akwatunan Malam ta samo shi duk ya kakkarce, Habu ya goge shi da man goge haƙori ya yi ta lallaɓawa har ya karantu. Duk lokacin da za a fita da na'urar sai ta yi wa Faruk bayani tun da safe, ta bar maƙwabciyarta Talatu a bakin ƙofa, kuma duk da haka sau da yawa ta dawo ta tarar da sabon rauni a goshinsa.

A wannan zirga-zirga Ummulkhairi ta koyi abin da ba ta taɓa zaton za ta koya ba. Ta san maɓallai ukun da ake dannawa tare a rufe wasan in ya ƙame. Ta san yadda ake kwafe ajiyar garin a kile, wani ɗan abin adana bayanai kamar yatsa da Habu ya ba ta, ta ɗaure shi a bakin zane. Da kunne take gane na'urar na shirin tsayawa, don kukanta na sauyawa. Takan baro kasko da gudu, hannu duk mai, ta iso kafin Faruk ya miƙe. Masu sayen ƙuli-ƙulinta suka fara komawa wurin wasu, don rabin kwanakin ba ta soya ba.

Lubna ta aiko da sabuwar odinata ta hannu daga Maraɗi. Wasan ya ƙi tashi a kanta sam, wai ya tsufa da yawa. Habu ya yi dabarar da ake sa sabuwar na'ura ta yi kamar tsohuwa, ya tashi, launukan duk sun rikice, sama ta koma shunayya. Suka buɗe garin, suka nufi gabas, nan ma ya ƙame a daidai wurin.

Habu ya rufe garin. Sannan ya buɗe sabon fili a wasan, ya shata hanyoyi ya zuba gidaje, ya bar shi yana tafiya. Har suka ci abinci suka yi sallar azahar bai tsaya ba.

"Inna," ya ce, "ba na'urar ba ce. Mun yi ta wahalar banza. Garin ne da kansa ya lalace. Ranar da kuran ya ɗauke yana cikin ajiyewa, sai wani sashe bai rubutu daidai ba. Kuma duk lokacin da Faruk ya sake ajiyewa, a kan ɓarnar yake ɗorawa."

"To a gyara sashen mana, ɗana."

"Da akwai tsohuwar ajiya ta kafin ranar, da shi ke nan. Na duba ko'ina, babu. Na tambayi masu sanin abin a intanet, wasu sun ce kamfanin da ya yi wasan ma ya rufe tuntuni. Wani ya aiko da abin gyara, na gwada a kan kwafi, ya share rabin garin." Ya sunkuyar da kai. "Sai dai ya fara sabo."

Ta gwada. Ta zaunar da Faruk gaban fili fetal, ta ce, "Ga wuri mai kyau, Faruk. Gina mana wani, ni da kai. Ka koya mini." Ya kalli filin, ya kalle ta a ido, abin da ba ya yi, ya ce, "Ba Baba." Ya tashi ya shige bayan ƙofa ya tsuguna. Ranar da washegari bai sa komai a bakinsa ba sai ruwa. Dole ta mayar masa da tsohon.

Faruk ba wawa ba ne. Da kansa ya gane gabas ce ke tsayar da komai, sai ya daina zuwa can. Ummulkhairi ta lura da yadda yake kai hannu sannu-sannu har bakin iyakar, ya tsaya, ya janye. Wannan ya fi ƙamewar ci mata rai. An ɗan samu sauƙi har damina ta wuce. Sai ɓarnar ta fara yaɗuwa. Kasuwar garin ta shiga ciki, sannan gonakin kudu, sannan babbar hanyar tsakiya. Ya koma wata 'yar unguwa a yamma mai rijiya ɗaya yana zagayawa a ciki. Kwafin da ke ɗaure a zanenta ya ɗan ja musu lokaci, shi ma ya bi hanyar ɗan'uwansa. Ana gab da azumi garin ya kai ga yana buɗewa yake ƙamewa, tun kafin a taɓa komai.

Yayanta Ɗahiru ya zo daga Gaffati ya ga goshin Faruk, ya ga tabon da ke hannunta inda ya hankaɗe ta ta faɗa kan murhu ba da niyya ba.

"Ummu, za ki kashe kanki a kan wasan yara," ya ce. "Ki kawo shi ƙauye. Akwai ɗaki a bayan gida, mu sa masa ƙofa mai ƙarfi. Ba mugunta ba ce, kariya ce, ke da shi."

"Yaya, in aka kulle shi ba zai kai kaka ba."

"In kin faɗi fa? Wa zai riƙe shi? Mijin Lubna ya ce gidansa da ƙananan yara."

Ita ma likita ya riga ya gaya mata jininta ya hau, ƙafafunta suna kumbura. Ta raka shi bakin hanya ta dawo ta zauna kusa da turmi, ta daɗe ba ta ɗauki taɓarya ba.

Yanzu kowace safiya, in akwai kuran, takan kunna tsohuwar na'urar ta buɗe garin. Hoton yana fitowa ya tsaya: rijiya, gidaje kaɗan, wata 'yar mata da tulu a ka da ba za ta taɓa isa gida ba. Ta cire lasifika saboda sautin da ke maƙalewa. Faruk yakan zauna ya ɗora hannu a kan ɓera ba ya turawa. Ya daina gwara kai, amma ya daina magana ma, ko 'yan kalmomin da yake yi a da. Ya rame har rigunan ubansa suna yi masa yawa. In kuran ya ɗauke, gilashin ya yi baƙi, nan yake ci gaba da zama har a kira shi.

Habu yakan leƙo jefi-jefi ya ce ya sake tambaya, ba a dace ba. Kwanan baya ya kasa kunne a jikin akwatin, ya ji wani ƙas-ƙas a ciki, ya ce faifan da ke riƙe da komai ne ya fara gajiya. Ummulkhairi ta tambaye shi ko zai kai baɗi. Ya ce bai sani ba. Ta ce to, ta zuba masa ƙuli-ƙuli a leda, ta koma ta hura wuta.