Tafin Hannu a Bakin Ƙanina

Da, a Jidda, fim sai a kaset, a ɗaki, an rage murya. Yanzu akwai silima a manyan kasuwanni, da kujeru masu laushi. Na kalli fim a Alƙahira da Yamai, inda mutane ke zagin mugu da ƙarfi. A nan shiru ake yi.

Ɗan ƙanina ne ya kai mu, ni da ubansa. Haifaffen unguwar Madain Fahd ne a nan Jidda, yana jin Hausa fiye da yadda yake yinta. Ya samu aiki a Dammam, kuma ya gaya mini a asirce cewa in ya tafi ba zai dawo gidan ba. Uban bai taɓa yi masa magana mai taushi ba. Yana ƙarami, in ya yi kuka, mari ne.

Fim ɗin na wasu samari ne a gidan maza zalla, manya na gallaza wa ƙanana. Da aka zo inda wani ƙato ya toshe bakin saurayi mai kuka, ƙanina ya miƙe ya fita.

A mota yaron ya tambaye shi dalili, rabi da Larabci. Uban ya ce sanyin wurin ne ya yi yawa.

Ni na san dalilin. Ƙanina ya zo umra yana saurayi, ya zauna bai koma gida ba, yana dako a unguwar Mahjar. A ɗakin da suke kwana ba mai iƙama, wato takardar izinin zama, don haka dokar babbansu ita ce ba a kuka, ko da mutuwa aka yi, kada maƙwabta su ji su kira ’yan sanda. Ranar da labarin rasuwar mahaifiyarmu ya iso, ina Hartum, sai daga baya na ji abin da ya faru. Da ya fashe da kuka, maza biyu suka danne shi, babban ya rufe masa baki da tafin hannu har ya yi laushi. Da safe suka yi ta kwaikwayon shessheƙarsa suna dariya.

Na fara ba yaron labarin.

"Yaya, halas, ya isa," in ji ƙanina.

Ban tsaya ba. Yaron ya gangara gefen titi ya kashe mota. Ya ce, "Baba, ka yi mata kukan daga baya?"

"Ina wurin yi?"

Yaron ya tafi Dammam yadda ya tsara. Ƙanina ya yi wata bai gaishe ni ba. Amma duk hutu ɗansa a gidan yake sauka, kuma su biyun suna cin abinci a faranti ɗaya.