Baƙon da Ya Ƙona Tsirensa

Daga gindin bishiyar tuffa, tsohuwa Bohumila ke ƙare masa kallo, wannan ɗan birnin Prague da jikarta Radka ta jajibo musu walimar lambu. Farin takalmi a cikin ciyawa, agogo ya fi ƙarfin hannunsa.

Kowa ya tsaga bakin tsiren aladensa, irin na niƙaƙƙen nama da ake ɗurawa a hanji, gida huɗu, ya soke a sanda, yana juyawa a hankali bisa garwashi, kitsen na ɗiga kan burodi. Gogan naka kuwa ko tsagawa bai yi ba, ya cusa nasa tsakiyar wuta, ɗaya hannun na latsa waya. Da gani ba a taɓa aikensa itace ba. Irin waɗanda uwa ke fifita wa miya ne har su yi gemu.

Tsiren ya fashe, waje gawayi, ciki ɗanye. Ya jefa wa kare, ya miƙa hannu ya ɗauki wani.

"Kaka, ya kika gan shi?" Radka ta raɗa mata. "Aure fa yake nufi."

Bohumila ta kurɓi giyarta, ta share kumfar leɓenta.

"'Yar nan, minti goma ya kasa jira. Kin dai ga inda tsirensa na farko ya ƙare."